Gurasar da Rashad Ya Gatsa

"Malesiya kuma?!"

Zebo ta dire kwandon gurasa a kan benci da ƙarfi, har gurasa ɗaya ta mirgino ta faɗi ƙasa. Da sauri ta tsugunna ta ɗauka, ta sumbace ta, ta kai ta goshi, sannan ta ɗago jajayen idanunta ta dube shi.

"Ka ga abin da ka ja mini ko?"

"Kakar wasa ɗaya ce tak, Zebojon..."

"Haka ka ce wa mutanen Finlan?"

"Finlan sanyi ne ya kore ni."

"Tailan fa?"

"Zafi."

"To mu me za ka ce ya kore ka? Gurasarmu ce ta ƙone?"

Rashad yana tsaye da kayan motsa jiki, zufa na bin wuyansa, ya ranƙwafar da kai don rumfar ta yi masa gajarta. Duk garin Margilon, nan ƙasar Uzbekawa, babu wanda bai san shi ba: Rashad Holloway, dogon baƙin Ba'amurken nan mai tsaron baya a kulob ɗin garinmu. Yara Rashidjon suke kiransa, da "jon" ɗin nan da muke liƙa wa sunan wanda muke ƙauna. Shekara biyu ke nan da zuwansa, kuma tun makon farko ya maida rumfar gurasar Usta Tursun, mahaifin Zebo, wurin tsayawarsa duk safiya in ya dawo daga gudu.

Ranar da ya fara zuwa ma faɗa suka yi. Ya sayi gurasa ya kifa ta a kan benci yana ɗaure takalmi. Zebo, wadda ko ido ba ta iya haɗawa da namiji, sai ga ta ta miƙa hannu ta birkice gurasar tana harararsa. Bai san a wurinmu ba a kifa gurasa ba, amma ya ba da haƙuri da harshe uku. Washegari ya dawo, ya tallafo gurasar da hannu biyu kamar jaririya, yana tambaya da ido ko ya yi daidai.

Dariya ta ƙwace mata. Daga nan komai ya fara.

"Kwantiragina ya ƙare," ya ce a hankali, da Uzbekancin nan nasa da ya tsinta a bakin 'yan ƙwallo. "Koci ya ce yara yake so yanzu. Na kai talatin, Zebo. Gwiwar nan kullum sai ta yi mini magana. Daga wannan kiran ba na jin wani zai sake kirana..."

"To ka tafi mana! Wa ya riƙe ka?"

"Ke."

Ta kau da kai, ta shiga jera gurasar da ta riga ta jeru.

"Mu yi aure mu tafi tare, ko ki jira ni in dawo. Duk wanda kika zaɓa, raina."

"Ka san Oyi..."

"Zan yi mata magana."

"Kai?! Kai da ko sunan albasa har yau ba ka iya faɗa daidai ba?"

"Zebo!" Muryar mahaifiyarta Sanobar ta fito daga tsakar gida. "Da wa kike surutu gurasa na hucewa?"

"Mai saye ne, Oyi!"

"Mai sayen nan ba shi da gida ne?"

Rashad ya ɗauki gurasarsa da hannu biyu ya bi lungu, yana ɗan ɗingisa ƙafar hagu. Ta bi shi da ido har ya sha kwana.

Ranar nan Zebo ba ta tsinana komai ba. Ta zuba gishiri sau biyu a kwaɓi ɗaya. Ta ƙona gefen hannu a bakin tanderu. Ta shiga ɗaki ta fito, ta sake shiga, ba ta san me ta je nema ba. Duk shigar da za ta yi kuma sai idonta ya faɗa kan bango.

Can sama da dardumar bango, a jikin ƙusa, wata tsohuwar gurasa ce a rataye da zare, an gatsa gefenta.

Ta Yaya Elmurod ce.

Haka muke yi. In ɗa zai yi doguwar tafiya, sai a ba shi sabuwar gurasa ya gatsa, a rataye sauran. Rabonsa ne ya rage a gida, shi zai jawo shi ya dawo ya ƙarasa cinyewa. Elmurod ya gatsa tasa shekara biyar da suka wuce, ya hau jirgin ƙasa zuwa Rasha aikin gini. Da farko kullum yana kira. Daga baya sai sallah-sallah. Daga nan shiru. Wani ya ce ya gan shi a wata kasuwa, wani ya ce ya koma wani gari. Babu labarin mutuwa, babu na rai.

Tun daga lokacin Zebo ta zama ɗan gidan. Ita ke jan buhun fulawa, ita ke zura rabin jikinta cikin tanderu, don bayan Dada, mahaifinta, ya daɗe da ƙin lanƙwasuwa. Ita kuwa Oyi, duk safiyar Juma'a sai ta hau kujera ta share ƙurar gurasar nan da gefen ɗankwalinta.

Da la'asar suna tankaɗe, Oyi ta yi magana ba tare da ta ɗago ba.

"Ki fitar da shi daga ranki."

"Wa, Oyi?"

"Kada ki maida ni yarinya. Ni na haife ki."

Kunnuwan Zebo suka ɗau zafi.

"Ba don baƙo ba ne. Dadanki ya ce a sahun gaba yake tsayawa ranar Juma'a, na ji. Amma mutumin da bai taɓa kwance jakarsa ba? Yau yana nan, gobe yana can, kamar tsuntsu? In ya tafi da ke, na rasa biyu. In ya bar ki, ki zauna kina kallon bango kamar ni."

"Oyijon, ya ce zai dawo..."

"Yayanki ma ya ce zai dawo!" Rariyar ta tsaya a hannunta. "Ƙusa ɗaya ta ishi bangon nan. Ba za a kafa ta biyu ba ina raye."

Shi kuwa Dada, ra'ayinsa daban. Mutum ne da in kulob ɗinmu na wasa ko tanderu na ci da wuta sai ya je fili. Yakan ce tun da yake kallon ƙwallo bai taɓa ganin mai tsaron bayan da ke sa kai a inda wasu ke tsoron sa ƙafa ba sai Rashidjon. Bai shawarci kowa ba ya gayyato shi cin shinkafar ranar Alhamis.

"Ban kwana zai yi mana," ya ce wa matarsa. "Ko shi ma haramun ne?"

Rashad ya zo da farar riga mai guga, da kankana a rungume. Ya cire takalmi, ya naɗe dogayen ƙafafunsa da ƙyar a gaban shimfiɗar abinci. Zebo tana kai-kawo tsakanin kicin da ɗaki.

Oyi da kanta ta ɗauki butar shayi. Ta cika masa kofi fal, har yana neman zuba.

Zebo ta rufe ido. Baƙon da kake so ai ɗan kaɗan kake tsiyaya masa, don ya yi ta miƙo kofi kana yi masa hidima. Wanda ka cika wa fal kuwa, ka ce masa ke nan sha ka tashi.

"Kai, na gode, Holajon!" Rashad ya washe baki, yana kiranta inna da yaren garin. "Ke kaɗai ce ba kya yi mini rowar shayi a garin nan!"

Dada ya ƙware da shinkafa. Oyi ta sake cika masa. Ya shanye, ya sake godiya.

"Ɗana," Dada ya ce yana goge ido, "can Malesiya suna da gola kuwa, ko kai za ka riƙa yi musu duka?"

"Suna da shi, Usta. Sun ce wai ya fi Botir namu."

"Ai ko tsintsiya aka jingina a raga ta fi Botir!"

Aka yi dariya, ban da Oyi.

Da aka shafa addu'a, Rashad ya gyara zama, ya yi gyaran murya. Zebo tana bakin ƙofa da faranti.

"Usta... Holajon... ni ban iya magana mai kyau ba. Ƙasa shida na zauna. Duk inda na bari, ba na waiwaye. Amma nan..." Ya saci kallon ƙofa. "Nan ina so a jira ni. Botir ya gaya mini yadda kuke yi."

Ya miƙe tsaye.

Da tsawon nan nasa bai ko buƙaci kujera ba. Kafin wani ya gane inda ya dosa, ya miƙa hannu ya zare gurasar daga ƙusa, ya riƙe ta da hannu biyu cikin girmamawa, ya ce bismillah, ya kai baki.

"Rashad, a'a!!!"

Ƙas!

Gurasar shekara biyar ta fi dutse tauri. Gefen haƙorinsa ya ɓalle, ita kuma ta tsage a hannunsa, ta zube gutsi-gutsi a kan darduma.

Irin ƙarar da Oyi ta yi, Zebo ba ta taɓa jin irinta ba. Ta zube a gwiwa tana tattara gutsattsarin, tana cusawa a ƙirjin rigarta.

"Elmurod... ɗana... rabon ɗana... wayyo ya cinye rabon ɗana!"

Rashad ya tsaya da jini a leɓe, yana duban wannan yana duban wancan.

"Me na yi? Zebo, me na yi?"

"Tafi, ɗana," Dada ya ce. "Yanzu. Tafi kawai."

Oyi ba ta ci komai ba ranar, ba ta ci washegari ba. Ta kwanta ta juya fuska ga bango, da ƙullin hankici a hannu. Gidan ya yi tsit, ko rediyon Dada ba a kunna ba. Zebo ta kasa zaune ta kasa tsaye. In ta dubi uwarta sai ta ji ta tsane shi. In ta tuna fuskarsa da jinin nan a leɓe sai ta ji kamar ta fita da gudu ba takalmi.

Da ta kai gurasa gidan shayi, ƙafafunta suka wuce da ita filin wasa. Babu kowa sai shi, zaune a kan bencin 'yan kallo, leɓe a kumbure.

"Kai wane irin mutum ne?!" ta fara tun daga nesa. "Ba ka tambaya? Komai ka gani sai ka sa kai kamar ƙwallo?"

"Botir ya ce matafiyi yana gatsa gurasa a rataye. Na ga an riga an gatsa wannan, na zaci ta gidan ce... kowa zai tafi ya gatsa..."

"Ta gidan?! Kowa da tasa! Sabuwa ake gasa masa! Wannan ta yayana ce, shekara biyar Oyi na share mata ƙura. Ita kaɗai ce ta rage mata. Muddin tana rataye, yana raye, zai dawo. Yanzu ka..." Kuka ya ci ƙarfinta.

Ya ɗago ya dube ta.

"Kin taɓa ce mini yayanki yana Rasha. Ba ki ce ya daina kira ba."

"Ana faɗar irin wannan a bakin rumfa?"

"Shekara nawa rabon da ta ji muryarsa?"

"Uku."

Wani abu ya gifta a fuskarsa. Ya sunkuyar da kai yana kallon takalmansa.

"Ka tafi Malesiyarka," ta ce tana share hanci da gefen mayafi. "Ya ƙare, Rashad. Ko da can da ƙyar ne, balle yanzu."

"Kina so na?"

"Wannan ba tambaya ba ce."

"Zebojon..."

"Ina son ka! Sai me? Zan taka uwata in wuce ne?"

Ta juya da gudu, kwandon na bugun ƙafarta.

Washegari da sanyin safiya ta fito kunna tanderu, ta tarar an riga an faskare itace an jera. Rashad yana can gefe da buhun fulawa a kafaɗa.

"Ina ake ajiyewa?"

"Ka haukace? In Oyi ta gan ka..."

"Na ci rabonsa. Bari in yi aikinsa."

Dada ya leƙo, ya dube shi, ya dubi itacen, ya nuna masa lungu da haɓa ya koma.

Haka ya riƙa zuwa kullum. Ya ɗebo ruwa, ya kwashe toka, ya ƙona gashin hannunsa kaf a bakin tanderu. Gurasar farko da ya manna ta suɓuce ta faɗa garwashi, Dada ya ce ko Botir ba ya sakin abu haka. Wayarsa kuwa ba ta hutawa a aljihu: wakilinsa ne, yana tambayar ko zai hau jirgin nan ko a ba wani. Zebo tana ganin yadda yake duba wayar, ya dubi tagar ɗakin Oyi, ya maida ita aljihu.

Oyi ta tashi daga kwanciya, amma in ta ratsa tsakar gida sai ta wuce shi kamar turmi ne aka ajiye.

Ana gobe jirginsa zai tashi, bayan la'asar, yana tsugunne yana kwashe toka, ta fito ta tsaya a kansa. Zebo tana wanke kwanon kwaɓi, hannunta ya tsaya cak cikin ruwa.

"Me kake nema a gidana?"

Ya miƙe, toka har gira. "Gafara, Holajon."

"Gafara za ta haɗa abin da ka fasa?"

"A'a."

"To?"

"Ban san Elmurod ba. Amma na san irinsa. A kowace ƙasa na zauna na gan su, ranar Lahadi suna buga ƙwallo a bayan gini, kowa da waya a aljihu, ba mai kira gida. Ba mantuwa ba ce, Holajon. Kunya ce."

"Kai me ka sani game da..."

"Ni ma ina da uwa."

Oyi ta ɗago ta dube shi.

"Nadira sunanta. Tana Filadelfiya. Da zan taho na ce mata Ingila zan buga, za ta gan ni a talabijin. Ta je ta sayo ƙatuwar talabijin, ta cika rabin falo." Ya yi wani murmushi da ɓallen haƙorinsa. "Ba a taɓa nuna ni ba. Ko sau ɗaya. Daga wannan ƙaramin kulob sai wancan. Kullum ina cewa bari in yi abin kirki tukuna sannan in koma..."

"Yaushe rabonka da ita?"

"An daɗe."

"Murya fa?"

"Saƙo nake turawa. In ta kira sai in ce muna atisaye."

Zebo ta ga hannun uwarta ya kai kan tsumman da ake manna gurasa da shi. Kafin ta ƙifta ido, fat! Oyi ta zabga masa a kafaɗa, toka ta tashi.

"Wawa! Dogon banza!" Fat! "Uwa talabijin take so?! An ce maka don talabijin ta yi naƙuda?" Fat! "Tana can tana kallon ƙofa, kai kana nan kana fasa wa mutane gurasa!"

"Holajon, gwiwata..."

"Ai ba a gwiwa nake dukanka ba! Fito da wayar!"

"Yanzu?"

"A'a, sai na mutu! Kira ta!"

Ya danna lambar. Can safiya ce. Ƙara biyu, sai ga fuskar wata dattijuwa baƙa, da farin mayafi da tabarau, ta cika wayar.

"Rashad?!"

"Ummi..."

Ƙaton nan da 'yan gaban kulob-kulob ke tsoron haɗuwa da shi ya zauna daɓas a kan buhun fulawa yana kuka kamar yaron goye.

Oyi ta fizge wayar. Ta yi sallama, aka amsa mata. Daga nan babu kalma ɗaya da suka haɗa, amma ba su fasa ba. Oyi ta shiga ɗaki da wayar, ta nuna hoton Elmurod, ta nuna ƙusar da ba komai, ta buga ƙirji. Ita kuma waccan ta ɗauki tata wayar ta bi wani ɗan lungu, ta buɗe ƙofa: gado a gyare, ƙananan takalman ƙwallo jere a kan kanta, tun na yarinta. Ta shafa su da tafin hannu, ta nuna babu ƙura.

Oyi ta ce, "Ya Allah..."

Waccan ma ta ce, "Ya Allah..."

Suka yi ta kuka, kowa da harshenta. Zebo tana bakin ƙofa ta toshe baki da mayafi. Dada ya fita waje wai hayaƙi ne ya shiga masa ido, alhali tanderu a kashe yake.

Da aka gama, Oyi ta fito ta miƙa wa Rashad wayarsa.

"Ka ce kunya ce?"

"Na rantse, Holajon."

Ta juya. "Zebo, tsohuwar lambar yayanki tana nan?"

"Tana nan, Oyi, amma ba a ɗauka..."

"Ban ce ki kira ba. Danna mini abin nan na murya."

Zebo ta danna ta kara mata a baki.

"Elmurod, Oyinka ce. Ba na son komai. Ka zo ko da rigar jikinka ce." Ta ƙara matso da bakinta kusa da wayar. "Ka zo kawai."

Ta goge fuska da ɗankwali, ta ja dogon numfashi, muryarta ta koma irin ta kullum.

"Ke kuma me kike tsaye kina kallo? Kunna wuta. Guda ɗaya za ki gasa."

Zebo ta dube ta, ba ta yarda da kunnenta ba.

"Oyijon..."

"Kin kurumce ne?"

Zebo ta murza kwaɓin. Ta buga masa tambarin fure a tsakiya, ta yayyafa riɗi, ta manna a tanderu, ta tsaya a kai ko zafin ba ta ji. Da ta fito ja-ja-wur tana tururi, Oyi ta karɓa ta miƙa wa Rashad.

"Ga taka. Gatsa. Da ɗaya gefen, kada ka ƙarasa zubar da haƙoran."

Ya gatsa, hawaye na sauka a kan riɗin.

"Je ka buga ƙwallonka, tunda shi Allah ya ɗora maka. In an gama, ba nan za ka fara zuwa ba. Ka je ka ɗauko uwarka. Ba a karya gurasar baiko sai da dangin miji, ni kuma ba zan ba da 'yata ga wanda ya faɗo daga sama ba."

Ta zura zare, ta jawo kujera. Rashad ya miƙa hannu zai taimaka.

"Kul! Kada ka ƙara taɓa mini bango!"

Ta hau da kanta ta rataye a ƙusar nan.

"Sanobar," Dada ya ce a hankali, "ke da kika rantse..."

"Cewa na yi ba za a kafa ta biyu ba. Ka ga ta biyu?" Ta dafa ƙirjinta inda ƙullin hankicin yake. "Ta Elmurod tana nan. Nan ya fi bango."

A bakin ƙofa, Zebo ta kasa ɗago ido.

"Za ki share mata ƙura?" Rashad ya tambaya ƙasa-ƙasa.

"In ka wuce kaka ɗaya, kaji zan ba."

"Raina..."

"Tafi mana, kafin Oyi ta sake ɗauko tsumma!"

Jira ba shi da daɗi, ko na wata nawa ne. Zebo ta koyi duba sakamakon wasannin wata ƙasa da ba ta san inda take ba. Ranar da aka ce an fitar da shi a kan gadon ɗaukar marasa lafiya, gurasar rumfa duka ta ƙone. Ranar da ya ci ƙwallo da ka, Dada ya raba wa unguwa gurasa kyauta yana cewa shi ya koya masa. Duk Juma'a kuwa, yanzu mutum biyu ke hawa kujera, uwa ta riƙe, 'ya ta share.

Saƙon da aka tura wa Elmurod ba a amsa ba. Amma wata safiya Zebo ta duba ta ga alamar an saurara. Ta nuna wa Oyi. Oyi ta riƙe wayar a ƙirji ta daɗe, sannan ta tashi ta ɗora tukunya.

Lokacin da rumman ya nuna yana tsagewa a kan reshe, wata tasi ta tsaya a bakin lungu. Yara suka ɗauka da ihu, "Rashidjon! Rashidjon ya dawo!" Ya fito yana ɗingishi fiye da da, ya zagaya ya buɗe wa wata dattijuwa mai farin mayafi ƙofa. Oyi ta fito ba takalmi. Matan nan biyu suka rungume juna a tsakiyar lungu kamar waɗanda aka raba tun yarinta.

Oyi ta sauko da gurasar da kanta. Wannan karon Rashad ya yi hankali, sai da ya jiƙa ta a ruwan zafi ta yi laushi, ya cinye tas, ya tsince har ɓurɓushin. Sannan dattawan unguwa suka ɗora sababbin gurasa biyu, suka yi addu'a, suka karya, aka raba wa kowa. Zebo tana bayan labule, maƙwabta na tsokanarta, ita dai ta kasa rufe baki ta kasa daina hawaye.

Ta ɗan ɗaga labulen daidai lokacin da Oyi ta ɗauki butar shayi.

Ta tsiyaya masa ɗan kaɗan, ko rabin rabi bai kai ba.

Rashad ya dubi kofin. Ya ɗago ya dubi labule, ya sake duban kofin. Ya shanye a kurɓi ɗaya.

"Holajon... kaɗan kika zuba mini."

"Oyi za ka ce, dogon banza," ta ce tana goge ido da gefen ɗankwali. "Miƙo in ƙara."